Kundin Aiki: Shekara Guda Ina Bin Sawun Ɗan Wasan Fina-finan Ban Tsoro a Kano

Asabar, 13 ga Janairu, 2024

Yau na buɗe wannan kundi domin in riƙa rubuta yadda aikin nan yake tafiya, saboda na lura cewa duk abin da ban rubuta a ranar da ya faru ba, bayan mako biyu sai in tarar zuciyata ta yi masa kwaskwarima. Aikin kuwa shi ne haɗa fim na gaskiya, mai tsawon kamar awa ɗaya, a kan sana'ar wani dattijon ɗan wasa mazaunin cikin birni, wanda ya shafe fiye da shekara ashirin yana fitowa a matsayin boka, ko maye, ko aljani, ko gawar da ta tashi, a ƙananan fina-finan da manyan furodusoshi ba su taɓa waiwaya ba. Da kasuwar faifai ta durƙushe, sai ya koma cikin samarin da ke yin shirye-shiryen YouTube, irin waɗanda ake kutsawa kango da tsakar dare da tocila ana cewa ana binciken aljanu.

Mu uku ne a aikin: ni, da ƙanena mai riƙe kyamara, da wani abokina mai ɗaukar sauti. Tun da ina koyarwa a ranakun mako, Asabar ce kawai tamu. Sharaɗin da dattijon ya gindaya shi ne kada sunansa ya fita ko a rubuce ko a baki har sai ya ga fim ɗin da idonsa ya amince, don haka a nan Baba zan riƙa ce masa, kamar yadda nake kiransa idan muna tare.

Mun same shi a zaure da hantsi, hazo ya rufe gari, yana zaune a kan buzu ya naɗe kai da rawani. Bayan gaisuwa ya dube ni ya ce, "Ɗana, duk wanda ya zo nan tambayarsa ɗaya ce, wai ko na taɓa ganin aljani. Kai ma ita ka kawo?" Na ce masa ni abin da ya kawo ni shi ne in ji nawa ake biyansa, da kuma yadda ya ci da iyali da wannan sana'a. Ya yi dariya har da tari, sannan ya aika a kawo mana shayi.

Asabar, 3 ga Fabrairu, 2024

Baba ya sa jikansa ya jawo wata tsohuwar adaka daga ƙarƙashin gado. A ciki akwai kaset ɗin bidiyo goma sha ɗaya, da faifan sidi da yawa da aka ɗaure da kyauron roba, da baƙar alkyabba da asu ya ci gefenta, da jan ƙyalle mai ɗinkin wuri, da ƙahon rago, da haƙoran roba a cikin gwangwanin madara. Kaset huɗu sun yi fumfuna, ana hango farin abu kwance a kan zaren ta gilashin tsakiya. Mun kai duka kaset ɗin wurin wani mai gyaran rediyo a Sabon Gari wanda har yanzu yake da na'urar bidiyo mai aiki, ya ce zai gwada goge su da auduga da sifirit, amma kada mu sa rai da duka.

Kafin in ci gaba da yi masa tambayoyi sai da na tsara wa kaina inda ya faɗo a tarihin harkar. Fim ɗin bidiyo na Hausa ya soma ne a Kano a 1990 da Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa, sunan Kannywood kuma ya fito a mujallar Tauraruwa a 1999. A tsakanin nan kasuwa ta karkata ga soyayya da rawa da waƙa, domin su ne dilolin Ƙofar Wambai suka ga suna fita da sauri. A kudancin ƙasar nan akasin haka aka samu, inda tun daga Living in Bondage a 1992 labaran tsafi da ƙungiyoyin asiri suka zama gishirin miyar masana'antar. A nan Kano fim ɗin ban tsoro a gefe ya tsaya, kuma a ganina dalilin a fili yake: mai kallonmu bai ɗauki aljani a matsayin almara ba, ya san akwai sura guda a Alƙur'ani mai sunansu, saboda haka wasa da batun ba ya zama wasa zalla. Ga kuma dawo da Shari'a a 2000 da kafa Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano a 2001, waɗanda suka sa kowane furodusa ya riƙa sara yana duban bakin gatari. A duk faifan da na kalla daga adakar nan babu guda ɗaya da boka ya ci riba. Ƙarshensa kullum shi ne malami ya zo da carbi da addu'a, bokan ya ƙone ko ya haukace. Baba ya ce ya mutu a fim har ya daina ƙirgawa.

Ya nuna mana yadda yake yi wa kansa kwalliya, domin a zamaninsu babu mai yi musu. Toka da farar ƙasa ake kwaɓawa a shafe fuska, a zagaye ido da gawayi, a jiƙa ƙaro a manna auduga a kunci ta zama kamar naman da ya zagwanye. Jini kuwa zoɓo ne mai kauri da aka gauraya da zuma, wanda ya ce yana kyau a kyamara amma ƙudaje ba sa barin mutum ya yi mutuwarsa cikin natsuwa. Idan ana son ido ya yi ja, man zafi yake gogawa a ƙasan fatar idon, kuma yana zargin cewa shi ne ya raunana masa gani a yanzu.

Asabar, 24 ga Fabrairu, 2024

Hirar yau ta ɗauki awa uku, kuma ita ce ta sauya mini alƙiblar fim ɗin baki ɗaya. Da na shigo aikin, tunanina shi ne labarin ɗan wasan da aka ci da guminsa, wanda ake ba shi ɗan abin sallama a lokeshan a ce sauran sai fim ya fita, fim ya fita kuma a daina ɗaukar wayarsa. Wannan ya faru da shi ba sau ɗaya ba, amma ya faɗe shi ne kamar mai ba da labarin ruwan bara. Abin da ya fi ci masa rai daban ne.

Ya ce akwai wani fim da ya fito a maye, ya yi rawar sosai har yara suka riƙa watsewa idan ya shigo lungu. Da farko abin yana yi masa daɗi, yana ganin alamar ya iya aikinsa ce. Bayan wasu watanni sai ɗan maƙwabcinsa ya kwanta da zazzaɓi mai zafi, yana sambatu yana kiran sunan da Baba ya fito da shi a fim ɗin. Kafin la'asar mata sun cika ƙofar gida, ana cewa ya kama kurwar yaro, sai ya fito ya tsallaka shi kamar yadda ake sa wanda ake zargi da maita ya yi. Ya ce ya tsaya a soro yana tunanin cewa idan ya ƙi, za a ce taurin kan maye ne, idan kuma ya tsallaka yaron ya warke, to ya sa hannu a kan takardar da ba za ta taɓa gogewa ba. Mai unguwa da limamin masallacinsu ne suka raba, aka kai yaron asibiti, aka ce zazzaɓin cizon sauro ne ya hau masa kai. Yaron ya warke, yanzu har ya yi aure, amma mahaifiyarsa ba ta sake aiko wa gidan Baba da abincin sallah ba.

Shekaru bayan haka maganar ta sake tasowa a lokacin neman auren 'yarsa, domin mutanenmu sun ɗauka cewa maita gadonta ake yi, kuma dangin manemin da suka zo binciken asali an rada musu abin da aka rada. Auren bai yiwu ba. Duk tsawon wannan labari Baba bai ɗaga kai ba, yana ta kwance bayan wata 'yar rediyo da wuƙa yana mayarwa. Ƙanena ya so ya matso da kyamara kusa da fuskarsa, na yi masa alama ya bar ta a kan hannuwan.

Asabar, 9 ga Maris, 2024

Mun hau Dutsen Dala bayan asuba domin ɗaukar hoton birni kafin rana ta yi ƙarfi. Ina son fim ɗin ya buɗe a nan ne saboda Tarihin Kano ya kawo cewa a wannan dutse Barbushe ya zauna yana yi wa mutane tsakani da Tsumburbura, wato tun kafin a san kyamara garin nan yake da mutumin da aikinsa shi ne ya shiga inda ake tsoro ya fito da labari. Baba bai iya hawa ba saboda gwiwa, ya jira mu a gindin dutsen. Kaset bakwai sun dawo lafiya daga Sabon Gari, biyu da rabin hoto, biyu sun tafi. Za mu dakata sai bayan azumi.

Asabar, 27 ga Afrilu, 2024

Yau muka shiga zangon sana'arsa na biyu. Da satar fasaha da masu tura fina-finai a waya suka kashe cinikin faifai, Baba ya yi shekaru babu mai kiransa, yana 'yar tireda a ƙofar gida. Sai wasu samari suka zo masa da tayin aikin dare, kuɗi hannu, babu zancen sai fim ya fita. Da fari inuwa kawai yake yi musu: ya yafa farin mayafi ya gilma ta ƙarshen wani dogon soro, ko ya yi gurnani daga bayan bango, su kuma su ruga da kyamara tana karkarwa suna salati. Daga baya suka gane cewa bakinsa ya fi inuwarsa tsada, sai suka riƙa zaunar da shi a gaban kango, a duhunta fuskarsa, a gabatar da shi a matsayin tsohon maigadin gidan. Shi yake ƙirƙiro labarin a take, da amaryar da ta faɗa rijiya, da kukan jariri a daren Juma'a, kuma ya ce bai taɓa maimaita labari ɗaya a gida biyu ba.

Ban tambaye shi ko yana ganin hakan daidai ne ba, shi da kansa ya kai maganar can. Ya ce a fim kowa ya san wasa ake yi amma aka ɗauke shi maye na gaske, a nan kuma ƙarya yake shararawa amma aka ɗauke shi mai gaskiya, kuma na biyun ya fi hana shi barci. Dalilinsa shi ne wani gida da suka yi aiki a cikinsa, wanda na marayu ne da ake shirin sayarwa a raba gado. Bayan shirin ya yaɗu aka laƙaba masa gidan aljanu, masu saye suka janye, har yau yana nan rufin yana zubewa.

Na ba shi labarin abin da ya faru a Amurka, domin ya zo daidai da makon nan. A 1999 aka saki The Blair Witch Project, wanda aka ɗauka cikin kwana takwas a dajin jihar Maryland, aka tallata shi a kan cewa faifan wasu ɗalibai uku ne da suka ɓata aka tsinta. 'Yan wasan uku, Heather Donahue da Joshua Leonard da Michael Williams, da sunayensu na gaskiya suka fito, aka baza takardun cigiyarsu, har wasu suka riƙa aika wa mahaifiyar Donahue saƙon ta'aziyya alhali 'yarta tana raye. Fim ɗin ya tara kusan dala miliyan 250, amma su da aka ɓoye domin ƙaryar ta zauna, ba su samu suna ko rabon da ya dace da wannan ciniki ba. Ranar Asabar da ta wuce ma suka fitar da buɗaɗɗiyar wasiƙa suna neman kamfanin da ke riƙe da fim ɗin ya biya su haƙƙinsu, bayan shekara 25. Haka 'yan wasa biyu na Paranormal Activity, wanda aka yi da kimanin dala 15,000 a gidan daraktansa, dala 500 aka fara ba kowannensu. Irin wannan fim yana rayuwa ne da ɓoye ɗan wasa, domin ranar da aka gane fuskarsa ranar tsoron ya ƙare, shi ya sa duk ƙwarewar mutum ba ta zama masa tsani. Baba ya saurara, sannan ya ce bambancinsu da shi shi ne su daga baya an fito da su an ce ga su nan da rai, shi kuwa har gobe tsohon maigadi ne.

Asabar, 25 ga Mayu, 2024

Mun yi hira da wani malami mai yin ruƙiyya, wanda ya yarda a ɗauki muryarsa ban da fuskarsa. Na nuna masa ɗaya daga cikin shirye-shiryen a waya, ya kalla har ƙarshe, sannan ya karanto ayar Suratul A'araf da ke cewa Shaiɗan da rundunarsa suna ganinmu ta inda ba ma ganinsu. Ya ce mutumin da ya yi imani da samuwar aljanu shi ya fi cancanta ya yi shakkar wanda ya ce ya kama su a kyamara. Wannan magana za ta shiga fim ɗin yadda take, domin ta warware mini wani ƙulli: ba sai na taɓa imanin kowa ba kafin in nuna cewa farin mayafin nan Baba ne a ciki.

Wani tsohon mai garaya da ya daɗe yana yi wa 'yan bori kiɗa ya karɓe mu hannu biyu, ya yi mana bayanin Ɗan Galadima da Sarkin Rafi da Inna da birninsu Jangare, amma ya ce kyamara ba za ta shiga wurin girka ba, kuma abin da ake nunawa a fim da sunan bori shirme ne na wanda bai taɓa zama a fage ba. Ban matsa masa ba. Na tuna abin da ya biyo bayan Les Maîtres Fous, fim ɗin da Bafaranshen nan Jean Rouch ya fitar a 1955 a kan 'yan Hauka, wato masu wani nau'in bori, mutanen Nijar da ke ci-rani a Ankara ta ƙasar Gana: abin da ya ɗauka ya faru da gaske, amma Turawan mulkin Ingila suka haramta shi, 'yan Afirka masu ilimi da suka gani kuma suka ce ya mayar da baƙar fata abin kallo.

A makon nan ne kuma hukumar tace fina-finai ta ƙasa ta sanar da sababbin ƙa'idoji a kan nuna tsafin kuɗi da kisan tsafi da shan taba a fina-finai. Dole in sake duba gutsattsarin tsofaffin fina-finan da nake son sakawa.

Asabar, 6 ga Yuli, 2024

Mun yi dare ɗaya a wani tsohon gidan ƙasa na dangin abokina, da izinin masu shi, domin Baba ya nuna yadda ake haɗa abin. Shawarar da na yanke ita ce a ɗauki kowace fitowa sau biyu. A karo na farko mai kallo zai ga abin da aka saba nuna masa, ƙofa tana buɗe kanta, kwano yana faɗowa, inuwa tana wucewa. A karo na biyu za a kunna fitila a ja kyamara baya, a ga zaren kamun kifi ɗaure a marfin ƙofar, a ga jikan Baba tsugune yana ja, a ga Baba da kansa yana gyara mayafi yana tambaya ko ya yi daidai. Zan kuma rubuta a ƙasan hoton cewa kwaikwayo ne, duk da ƙanena yana ganin rubutun zai rage armashi.

Hadari ya taso wajen ƙarfe ɗaya, muka kwashe kaya muka rakuɓe a soro. Ana cikin haka abokina mai sauti ya cire abin kunnensa, ya ce yana jin numfashi a ɗakin da babu kowa. Mutumin da ya wuni yana taya mu ɗaura zare, shi ne ya ƙi motsawa daga bakin ƙofa yana karanta Ayatul Kursiyyu. Baba ne ya karɓi tocila ya shiga, ya fito yana cewa mujiya ce ta yi sheƙa a cikin azara. Duk wannan yana cikin kyamara, kuma abokina ya yarda a saka, bisa sharaɗin kada a nuna wa matarsa.

Litinin, 5 ga Agusta, 2024

Babu aiki. Zanga-zangar tsadar rayuwa da ta ɓarke ranar 1 ga wata ta jawo dokar hana fita a Kano, hirar da muka shirya da wani tsohon dilan faifai ta rushe. Na kira Baba na ji lafiyarsu.

Asabar, 2 ga Nuwamba, 2024

Haɗa hotuna ya tsaya cik kusan mako biyu saboda duhun da ya mamaye yawancin jihohin Arewa tun wajen 21 ga Oktoba, ga litar fetur ta haura naira dubu, janareto ya zama sai dole. Awa biyu nake samu a rana a shagon wani mai sola, ina biya kamar mai cajin waya. Daga awa goma sha tara da muka ɗauka na tace zuwa minti tamanin da huɗu, kuma har yanzu akwai kitse. Tarihin masana'antar da na ɓata lokaci a kansa ya koma minti huɗu, domin duk wanda na gwada nuna wa yana fara duba wayarsa ne a daidai wurin.

Asabar, 14 ga Disamba, 2024

Na kai wa Baba fim ɗin a kwamfuta, muka kalla a zauren da muka fara haɗuwa, shi da babban ɗansa da ni. Tun a hanya nake fargabar cewa zai ce a cire inda ya amsa cewa shi ne tsohon maigadin, domin samarin nan suna nan suna aikinsu kuma ba za su ji daɗi ba. Ko kaɗan bai taɓa wurin ba. Abin da ya ce a cire shi ne labarin auren 'yarsa, domin yanzu tana ɗakin wani mijin da 'ya'ya uku, kuma ba ita ta zaɓi sana'ar ubanta ba. Na yi ƙoƙarin nuna masa cewa nan ne fim ɗin ya fi ƙarfi, ya bari na gama, sannan ya ce, "Ɗana, ai abin da su ma suke gaya mini ke nan." Na cire minti shida a gabansa.

Ya kuma kawo buƙatar da ban zata ba. Yana son a je ƙofar gidan marayun nan da rana tsaka, a ɗauke shi fuska a buɗe, ya faɗi sunansa da na mahaifinsa, ya ce labarin amaryar rijiya shi ya ƙaga shi kuma gidan ko rijiya ba shi da ita. Ɗansa bai so ba, suka ɗan yi ja-in-ja a gabana cikin ladabi, a ƙarshe ya ce Baba ya yi yadda ya gani.

Abin da ya rage shi ne neman magadan gidan domin samun izininsu, wanda ɗan Baba ya ɗauki nauyin bi ta wurin mai unguwarsu, sai gyaran sautin daren Yuli inda ruwan sama ya danne magana, sai fassarar Turanci a ƙasan hoto, sannan a kai wa hukumar tacewa kafin a nuna a ko'ina. Mun sa ranar Asabar ta farkon Janairu domin ɗaukar ƙofar gidan, idan magadan sun amince. Baba ya ce a zo da wuri kafin sanyi ya kama masa gwiwa, kuma zai sa farar rigarsa ta Juma'a.